Matsayin 'Yar Wasa a Wasan Kwaikwayo Mai Shigar da 'Yan Kallo

1.0 Gabatarwa

Tun daga fitowar Six Hausa Plays na R. M. East, manazarta wasan kwaikwayon Hausa sun fi mayar da hankali ga rubutaccen matani: jigo da zubi da salo. Manufar wannan maƙala ita ce nuna cewa wannan ma'auni ya gaza wajen tantance gwanintar 'yar wasan da ba ta da matani, wadda aikinta ya dogara ga martanin 'yan kallo.

2.0 Tushen Wasan

A Amurka, Judith Malina (1926-2015) ta kafa ƙungiyar Living Theatre tare da Julian Beck a 1947. A wasansu Paradise Now na 1968, an jawo 'yan kallo har kan dandamali. A Burazil kuwa, Augusto Boal ya ba ɗan kallo damar tsayar da wasa ya karɓi matsayin ɗan wasa. Irin wannan tunani ya samu gindin zama a Jami'ar Ahmadu Bello, Zariya, bayan zuwan Michael Etherton a 1975, inda aka riƙa kai wasa ƙauyuka irin su Maska da Bomo.

Sai dai kuma Bahaushiya ba baƙuwa ba ce a wannan fage. A wasan gauta, matan fada kan kwaikwayi sarki da fadawansa, su yi hannunka-mai-sanda. A tashen watan azumi, wanda ake yi a birnin Bauchi kamar sauran garuruwan Hausa, 'yan mata kan shiga gida gida da wasanni irin su Mairama da Daudu, matan gida suna tanka musu.

3.0 Harshe a Matsayin Makami

Gwanintar irin wannan 'yar wasa a harshe take. Ba ta haddace layi ba, don haka dole ta ƙirƙiri amsa nan take. Idan dattijuwa ta jefo habaici, sai ta mayar da karin magana ba tare da ta zubar da girman mai maganar ba. A Bauchi akwai ƙarin nauyi: idan ta yi amfani da daidaitacciyar Hausa, 'yan kallo za su ɗauke ta malama mai wa'azi, su yi shiru, idan ta koma Bausanci, sai su saki jiki. Ke nan zaɓen karin harshe shi ke buɗe wasan ko rufe shi.

4.0 Kammalawa

An adana sunan Malina domin an rubuta tarihinta. Gwanayen gauta da tashe kuwa, fasaharsu takan ƙare da tashin taro. Ya kamata masana harshe su naɗi waɗannan wasanni tare da muryoyin 'yan kallo, domin rabin matanin a bakinsu yake.