Madubin Galadriel da Al'adar Leƙen Gobe a Labaran Almara

Marubutan labaran almara na Turai sun daɗe suna ajiye madubin tsafi a cikin labaransu, sai dai ba aiki ɗaya maduban nan suke yi ba. Na tatsuniyar Snow White, wadda 'yan'uwan nan biyu na gidan Grimm suka buga a Jamus a 1812, shaidar yau kaɗai yake bayarwa: a tambaye shi wa ta fi kyau, ya faɗa, ko kara ba ya yi wa sarauniya. A wasan Macbeth na Shakespeare kuwa, mayu suna nuna jerin sarakuna takwas, na ƙarshensu riƙe da madubin da ke nuna wasu masu zuwa. Wannan gobe ce da alƙalami ya riga ya bushe a kanta, mai kallo ba abin da zai iya.

J.R.R. Tolkien ne ya ɗauki tsohuwar dabarar ya ba ta wani aiki mai wuya, a littafinsa The Fellowship of the Ring da ya fito a Ingila a 1954. Madubinsa ma ba na gilashi ba ne. Tasa ce ta azurfa mai faɗi, wadda Galadriel, mai mulkin dajin Lothlórien tare da mijinta Celeborn, take cikawa da ruwan rafi ta hura masa numfashi. Yana nuna abin da ya wuce, da wanda ake ciki, da wanda mai yiwuwa ya faru, kuma ba ya bambance wa mai kallo wane ne wane.

A wurin Sam, mai kula da lambun Frodo jarumin labarin, gwanintar ta fi fitowa. Ya leƙa ya ga ana sare itatuwan ƙasarsu Shire, an rushe tsohon gidan niƙa an kafa ginin jan bulo mai fitar da baƙin hayaƙi, ga tsohonsa an kore shi daga gida yana tura 'yan komatsansa a baro. Nan take ya ce shi gida za shi. Galadriel ta ja masa kunne cewa wasu abubuwan da madubin ke nunawa ba sa aukuwa sai idan wanda ya gani ya bar hanyarsa don ya hana su. To, ina mafita? In ya koma, ƙila komawar ce za ta jawo masifar, in kuma ya zauna, ya bar mahaifinsa a wulaƙance. Sam ya zaɓi bin ubangidansa, ba tare da an ba shi tabbacin komai ba. Ɓarnar ta auku kuwa, domin da suka dawo sun tarar wani matsafi mai suna Saruman ya yi wa Shire kaca-kaca, amma a lokacin sun zama mazajen da za su iya kawar da shi.

An ce gani ya kori ji, amma a wannan labarin ganin ne yake ɓatar da mutum. Sam ya ga Frodo a madubin yana kwance fuska fari fat a gindin dutse, ya ɗauka barci yake. Daga baya da ƙatuwar gizo-gizo Shelob ta sari Frodo, Sam ya tuna hoton, ya yanke cewa ashe mutuwa aka nuna masa, ya zare zoben tsafin da Frodo ke ɗauke da shi, ya bar shi a nan. Alhali Frodo na da rai. Hoton gaskiya ne, fassarar ce ta yi ta kuskure. Haka Denethor, mai riƙon masarautar Gondor, ya san jiragen ruwa masu baƙaƙen filafilai na tafe, ya ɗauka na abokan gaba ne, ya fid da rai ya cinna wa kansa wuta, ashe Aragorn, abokin tafiyar Frodo, ne a ciki da dakarun agaji. Shi dutsen gani yake dubawa ba madubi ba, amma cutar ɗaya ce.

Mafi yawan masu kwaikwayon Tolkien sun ɗauki tasar sun bar darasin. Madubi a hannunsu gajeriyar hanya ce, marubuci ya rasa yadda zai sanar da jarumi inda abokin gaba yake, sai ya aika shi ya leƙa ruwa. (Masu kallon finafinanmu sun san irin wannan, boka ya duba ƙwarya, duk abin da ya gani shi ke nan.) Hatta fim ɗin Peter Jackson na 2001 bai tsira ba. Ya cire Sam daga wurin, ya ba Frodo ganin ƙonewar Shire, aka kuma gaya masa ƙarara cewa abin da zai biyo baya ke nan idan ya gaza. Da wannan bayanin ruɗanin ya kau, madubin ya koma gargaɗi kawai, zaɓin ya yi sauƙi.

A ganina, ma'aunin irin wannan madubi guda ne: bayan jarumi ya ɗago kai daga kallonsa, nauyin da ke wuyansa ƙaruwa ya yi ko raguwa? Na littafin Tolkien ya ƙara wa Sam nauyi, shi ya sa ya fi na fim ɗin nesa ba kusa ba.