Zalika Souley da Hukuncin Masu Kallo

Wanda ya tashi daga Birnin Kebbi ya bi ta Kamba, da ya ƙetare iyaka sai Gaya, daga nan Doso, sa'an nan Yamai. Mutanen Kabi sun san hanyar nan tun zamanin da, gama Zabarmawa maƙwabtansu ne, har akwai da yawa zaune a ƙasar Argungu. Amma duk da wannan kusanci, kaɗan ne cikin malamanmu suka san sunan Zalika Souley, wadda ake lissafa ta cikin matan farko na Afirka da suka riƙi wasan sinima sana'a. Nufina a wannan takarda in duba aikinta, in kuma nuna yadda masu kallo suka ɗora mata laifin matan da ta kwaikwaya.

An haife ta a Yamai cikin 1947. Ta fara fitowa cikin 1966 a fim ɗin Moustapha Alassane, Le Retour d'un aventurier, watau komowar ɗan yawon duniya. Labarin wani saurayi ne da ya komo daga Amurka da tufafin kaboyi, ya raba wa abokansa, suka hau dawaki suka addabi gari. Zalika na cikin ƙungiyar. Daga nan ta yi aiki da Oumarou Ganda a Cabascabo, da Le Wazzou polygame, da Saïtane na 1972, da L'Exilé na 1980.

Le Wazzou polygame shi ne ya fi cancantar nazari, shi ne kuwa ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Wagadugu cikin 1972. Kalmar wazzou tushenta ɗaya da wa'azi ta Hausa, dukansu daga Larabci. To, wa ake yi wa wa'azin? Wani Alhaji ne mai mata biyu ya komo daga Makka, ya nemi auren yarinyar da aka riga aka yi wa miji. Matarsa ta biyu, Gaika, kishi ya kai ta ga ƙulla kisan amarya. Duk mai lura zai ga Alhajin Ganda ya nufa da zargi, domin shi ya kunna wutar. Amma Zalika ta riƙe matsayin Gaika da ƙarfi ƙwarai, har fuskarta ce ta zauna a zukatan mutane. Gwanintarta ita ta jawo mata baƙin jini: da ta yi wasan sakwa-sakwa, da ba wanda ya tsane ta. Ga shi kuma tana sa wando a gari, abin da a lokacin ake gani rashin kunya ne.

A ganina dalilin wannan ruɗu yana cikin bambancin sinima da wasanninmu na gargajiya. A tashe, yarinyar da ta fito a matsayin Mairama ko Daudu kowa ya san 'yar gidan wane ce. Da an gama ta tuɓe kayan wasa ta koma gida, magana ta ƙare. Kalmar wasa kanta tana ɗauke da wannan ma'ana, watau abin da ba gaske ba, mai farko da ƙarshe. Sinima kuwa ba ta tuɓe wa mutum kaya. Hoton yana nan, ana nuna shi shekara da shekaru ga waɗanda ba su san mai wasan ba, sai su ɗauka halinta ke nan.

Ba a ƙasashenmu kaɗai aka yi haka ba. A ƙasar Sin, Ruan Lingyu ta birnin Shanghai ta yi suna a finafinai marasa magana. Cikin 1934 ta fito a matsayin uwa mai sayar da mutuncinta don ta sa ɗanta makaranta. Jaridu suka sa ta gaba da tsegumi a kan zamanta na gida, har ta kashe kanta cikin 1935, tana da shekara 24.

Zalika ta jure, amma sana'ar ce ta mutu ta bar ta. Ganda ya rasu cikin 1981, aikin sinima a Nijar ya yi ta ja da baya. Sa'ad da Rahmatou Keïta ta shirya fim a kan rayuwarta, Al'lèèssi na 2004, an nuna ta da 'ya'ya huɗu a gidan da ba ruwa ba lantarki. Ta rasu cikin watan Yuli 2021.

Abin da ya shafe mu a nan, mu malamai, a fili yake. Mai koyar da wasan kwaikwayo a Argungu ko Birnin Kebbi ya san wuyar samun ɗalibar da za ta yarda ta fito a matsayin muguwar kishiya, don tsoron kada sunan ya bi ta har gidan miji. Lalle ne mu koya wa ɗalibai raba mai wasa da abin da ta kwaikwaya, tun kafin mu koya musu hawa dandali. In ba haka ba, za mu yi ta yabon wasan muna zagin wadda ta yi shi.