Kiɗan da Aka So a Raba da Iskokinsa

A arewacin Biyetnam akwai ibadar da ake kira len dong, ta mabiya Dao Mau, masu bautar uwayen iskoki. Mai hawa yakan zauna gaban bagadi, a lulluɓe masa kai da jan ƙyalle, sai makaɗa su ɗauki kiɗan chau van. Jigon kayansu shi ne dan nguyet, molo mai tsirkiya biyu da ƙoƙo zagaye kamar wata, tare da ƙananan ganguna da itacen gora da ake bugawa. Kowane iska da takensa: na manyan hakimai mai nauyi ne, na matan duwatsu kuwa mai zafi da rawa. Makaɗi ne ke kiran iska, ya yi masa kirari, ya sallame shi. Wanda ya taɓa ganin bori da garaya ba ya bukatar dogon bayani a nan.

Bayan 1954 gwamnatin kwaminis ta Hanoi ta sa len dong cikin camfin da ya wajaba a kawar. Ibadar ta koma ɗakunan ɓoye, ana rage ƙarar ganga. Amma abin da ya fi jan hankalina shi ne yadda hukuma ta yi da kiɗan kansa. Ba ta iya zubar da shi ba, don mutane na sonsa. Sai aka cire kirarin iskoki, aka ɗora baitocin yabon juyin juya hali a kan tsohon amon, ana sawa a rediyon gwamnati. Manazarcin kiɗa Barley Norton ya bi diddigin wannan a littafinsa na 2009. Sauye-sauyen tattalin arziki na Doi Moi na 1986 sun sassauta lamarin, har a 2016 UNESCO ta sa wannan al'ada cikin gadon bil'adama, gwamnati na alfahari da abin da jiya take farauta.

A ganina tsoro guda ne ya haɗa wannan da waƙar adawa: hukuma ba ta son muryar da ke tara jama'a a gaban wani iko da ba nata ba. A lokacin yaƙin Biyetnam, mawaƙi Trinh Cong Son ya tsara waƙoƙin ƙin yaƙi, mawaƙiya Khanh Ly na rerawa, ɗalibai suka riƙa haddace su, gwamnatin kudanci da ke Saigon ta hana waƙoƙin. Da kwaminis suka ci yaƙi a 1975, su ma ba su yarda da shi ba, domin ya yi kukan gawarwakin ɓangarorin biyu.

Iskoki sun samu afuwa saboda yanzu ana iya nuna su a dandamali a matsayin al'ada. Mawaƙi mai rai bai samu ba. A 2012 kotu ta ɗaure mawaƙi Viet Khang shekara 4 saboda waƙoƙin da a cikinsu ya tambayi dalilin dukan masu zanga-zangar adawa da Sin.