Wasan “Ka Dawo Gobe”: Wa Ake Yi Wa Dariyar?

Gajerun wasannin barkwanci da muke kallo a talabijin sun gano ofis, kuma labarin kusan ɗaya ne. Mutum ya je karɓar takarda, a ce oga ya fita, ko fayil ya ɓata, ko a ce ya kawo shaidar yana raye alhali ga shi nan tsaye. Muna dariya ne don mun san abin. Ni kaina sau uku na rufe shago na raka wani dattijo maƙwabcina tantancewar fansho, kowane zuwa da sabuwar takardar da za a nema.

To amma ina da ƙorafi. Ku lura da wanda ake mayarwa abin dariya. Yawanci baƙauye ne da bai iya cika fom ba, ko masinja mai neman na goro. Wanda ya kafa ƙa'idar, mai sa hannu, ba ya fitowa, kullum “yana mitin”. Kenan wasan ma ya bar oga ya kuɓuta, kamar yadda yake kuɓuta a ofishin gaske.

Manyanmu za su tuna Samanja Mazan Fama na NTA Kaduna, wato marigayi Usman Baba Pategi da ya rasu a Nuwamban 2023, Allah ya jiƙansa. Tsohon soja ne, ya san bariki ciki da waje. Yana zuba oda da Hausa cakuɗe da Turancin bariki, mu kuwa mai kakin muke yi wa dariya, a zamanin da soja ke mulki. Ko Kwana Casa'in na Arewa24, duk da dogon shiri ne, har ofishin gwamnan jihar Alfawa ya shigar da mu. Ashe ana iya kaiwa sama.

Saboda haka ina kira ga samarinmu na Gombe masu haɗa irin waɗannan wasanni: ku buɗe ƙofar ogan, mu ga fayil ɗin dattijo a kan teburinsa. Addini ya hana izgili ga mai rauni, amma bai hana tuna wa mai riƙe da amana nauyin da ke kansa ba. Wanda ya wuni a kan layi bai kamata ya dawo gida ya tarar da shi ake yi wa dariya ba.

Allah ya sa mu gyara. Wassalam.