3.2 Salon Isar da Saƙo ta Hoto a Finafinan Majigi

Idan aka kwatanta gajerun finafinan da Turawan Ingila suka shirya wa mutanensu da waɗanda suka shirya wa talakawan ƙasashen da suka mallaka, za a tarar da bambanci mai yawa ta fuskar salo. A fim ɗin Listen to Britain na 1942, wanda Humphrey Jennings da Stewart McAllister suka shirya, babu mai sharhi a cikin labarin. Ana nuna gonar alkama iska na kaɗa ta, ga rugugin jiragen yaƙi a sama, sai kuma a koma zauren rawa da masana'anta. Mai kallo shi ake bar wa aikin haɗa ma'anar, wato ƙasa tana cikin yaƙi amma rayuwa ba ta tsaya ba.

Wannan dama ce ba a bai wa 'yan kallon majigi ba. William Sellers, jami'in kiwon lafiya da ya yi aiki a Nijeriya, kuma ya jagoranci Colonial Film Unit da aka kafa a 1939, ya ɗauka cewa Baƙar fata na karkara ba zai fahimci hoto mai sauri ba. Saboda haka ya shimfiɗa ƙa'idoji: kada kyamara ta riƙa yawo, kada a yi tsalle daga wannan fage zuwa wancan, a tsawaita kowace fitowa. Fim ɗin Mister English at Home na 1940 a kan wannan tafarki aka gina shi, inda ake bin iyali guda daki-daki tun safe har dare. Abin da ya rage sai darasi tsagwaronsa, ba armashi.

A nan za a iya cewa ra'ayin Sellers raini ne kawai aka lulluɓe da rigar bincike. Al'ummar da ta saba da tatsuniya, inda Gizo kan bar gida ya faɗa fadar sarki cikin jimla ɗaya, ba tsallen fage ne zai rikita ta ba.

Sai dai yanayin da aka cire wa hoton ya dawo ta wata kafar. Motocin majigi na gwamnatin Jihar Arewa da ke Kaduna kan kafa farin ƙyalle a dandali bayan magariba, injin wuta na ruri, yara na gaba a zaune. Mai sharhi kuwa, da lasifika a hannu, shi ke sanya wa hotunan murya da Hausa, yana ƙara gishiri da barkwanci yadda taron ranar ya karɓa.