Dodon da muke kashewa, kakan wani ne

Abin da ya fi damuna a littattafanmu na yaƙi shi ne yadda muke yi wa dodo. Ya fito daga kogo, ya yi ruri, jarumi ya fille masa kai, shi ke nan. Ba wanda ya tambayi asalinsa.

A Gaoui, ƙauyen Kotoko da ke kusa da N'Djamena, ba haka ake kallon ƙato ba. Mutanen garin na cewa su jikokin Sao ne, ƙattin da almara ta ce suna saɓa giwa a kafaɗa. Tsohuwar fadar sarkinsu ta laka yanzu gidan tarihi ce, an kuma tono manyan tulunan da Sao ke binne mamata a ciki a yankin. Hatta ƙungiyar ƙwallon ƙafar Chadi sunan Sao take amsawa. Amma a almarar Barebari, dabara aka yi musu: aka ɗaure musu hannu da sunan ƙunshin lalle, sannan aka gama da su. Tarihi kuwa ya nuna Mai Idris Aloma ya yaƙe su a ƙarni na 16. Wanda aka ci da yaƙi, a bakin wanda ya ci shi yake zama dodo.

Japanawa ma suna da irin wannan. A yankin Oga, almara ta ce an yi caca da dodanni su gina matakala 1,000 kafin asuba, da suka kai 999 sai wani ya kwaikwayi carar zakara, suka gudu. Duk da haka, kowane daren 31 ga Disamba, cikin tsananin sanyi, samari kan yi shigar dodon Namahage su bi gida-gida suna neman malalata, maigida ya tarbe su da abinci. A 2018 UNESCO ta sa al'adar cikin gadon duniya.

Mu ma muna da namu. Tarihin Kano ya ce Dala, kakan Barbushe, da sanda yake kashe giwa ya ɗauko ta a ka, kuma zuriyarsa ce Bagauda ya tarar a ƙasar.

Don haka, ɗan'uwa marubuci, kafin jaruminka ya zare takobi, ka bar dodon ya faɗa mana ƙasar wa aka ƙwace. Labarin da muke jira yana bakinsa.