Lambu a Sararin Sama: Bishiya a Matsayin Ma'aunin Zamani

Manufar wannan takarda ita ce duba yadda tsirrai ke auna zamani a labarin tsibirin Laputa. Jonathan Swift ne ya ƙago tsibirin cikin Gulliver's Travels a 1726. A can maganaɗisu ke ɗauke da shi, sarkinsa kuwa yana tsare wa talakawan ƙasa rana da ruwan sama idan sun yi tawaye. Wato jigon Swift zalunci ne.

A 1986 Hayao Miyazaki na Japan ya sake gina tsibirin a fim ɗinsa, amma ya mai da shi lambu. Mutanensa sun watse shekaru 700 da suka wuce. Abin lura shi ne ba a nuna wa mai kallo wucewar shekarun nan ba, saiwoyin wata ƙatuwar bishiya da suka keta ganuwa su ne shaida. Lokacin da aka furta kalmar hallaka, makaman tsibirin suka zube, bishiyar kuwa ta riƙe dutsen sihirin ta ƙara yin sama.

Sai dai akwai rauni a nan. Lambun ya tsira ne bayan ya rabu da mutane, alhali jarumar labarin ta kafa hujja cewa ɗan Adam ba ya rayuwa nesa da ƙasa. Marubucin bai sasanta waɗannan biyu ba.

Saboda haka bai kamata mu koyar da irin wannan labari a matsayin almara kawai ba. Ɗalibi ya cancanci a tambaye shi: wa aka yi wa lambun?